Tsohuwar da Ta Tsare Kayan Sajan

A shekara hamsin ɗin da Allah ya ba ni a duniya, abubuwa da yawa sun faru da ni sun shuɗe, wasu ko an tuna mini sai na yi dogon tunani. Amma akwai safiya guda da na tabbata ba za ta bar zuciyata ba har ranar da za a rufe ni da ƙasa. Ita ce safiyar da babbar mota ta tsaya a ƙofar gidana a Tumfure domin kwashe kayan wani abokina soja, wata tsohuwa kuma ta fito da ƙullin tufafinta da butarta ta nufi bakin titi.

Abokin nan nawa tare muka yi sakandaren kwana. Shi Batangale ne, Kirista, daga kudancin jihar nan. Ni kuwa Bafillace ne, haifaffen cikin garin Gombe. Da muka gama, na wuce jami'a na ƙare a koyarwa, shi ya shiga soja. Tun ban karɓi digirin farko ba yake kirana Farfesa, ni kuma nake kiransa Janar, ko da yake a lokacin da nake ba da labari sajan ne. Bayan ya yi shekaru a fagen daga a arewa maso gabas, aka dawo da shi barikin Gombe, zumuncinmu ya sake ɗorawa daga inda ya tsaya.

Bai dawo shi kaɗai ba. A ɗakinsa na bariki, tare da matarsa da 'ya'yansa, akwai wata tsohuwa Babarbariya da kowa ke kira Kaka. Ya tsince ta ne a bakin wani gari da mutanensa suka watse, tana zaune a gindin bishiya da buta da carbi, ƙafafunta sun kumbura. Ya sa aka kai ta sansanin 'yan gudun hijira. Daga baya ya leƙa ya tarar da ita kwance ba mai jinya, sai ya nemi izini ya ɗauko ta. Babu jini tsakaninsu, babu addini ɗaya, Hausar ma kowannensu aro ya yi. Duk da haka ita ta goyi ƙaramin ɗansu, ita ke tsare gida ranar Lahadi idan sun tafi coci, matar sajan kuma ita ke tashi ta ɗumama mata abincin sahur da azumi.

Ana cikin haka, da farkon wata damina, aka yi wa abokina canjin wurin aiki zuwa Fatakwal.

Ga wanda bai san rayuwar bariki ba, idan aka sauya wa soja wurin aiki akwai alawus da aka tanadar masa domin jigilar kansa da iyalinsa da kayansa. Su a bakinsu kuɗin kwashe kaya kawai suke cewa. Abokina ya bayyana mini abu biyu game da kuɗin nan. Na farko, a yadda ya saba gani, sau da yawa sai mutum ya je ya kama aiki kafin su fito, wani lokaci da daɗewa. Na biyu, iyalin da tsarin ya sani su ne mata da 'ya'ya. Ɗakin bariki kuma ba na gado ba ne. Wanda zai maye gurbinka yana hanya da nasa iyalin, dole ka ba shi wuri.

Maganar kuɗin motar Kaka ba ta dame shi ba, ya ce ko a cinyarsa zai ɗauke ta. Ita ce ta ce ba za ta je ba. Ina wurin ranar da ya yi ta lallashinta.

“Kaka, Fatakwal ma gari ne,” in ji shi. “Akwai masallaci, akwai 'yan arewa, har goro akwai.”

Ta ce, “Ɗana, na yi gudu da ƙafata, na yi gudu a bayan mota. Kowane gudu nisa yake ƙara mini. In na kai bakin teku, mai nemana ta ina za ta fara?”

Tana da 'ya mace da suka rabu a ranar da garinsu ya watse. Tun zuwanta Gombe takan je tashar da motocin Maiduguri ke sauke fasinja, ta bar saƙo wurin direbobi da masu lodi cewa ga inda take. Wannan zaren shi kaɗai ya rage mata, ba kuwa za ta tsinke shi da hannunta ba.

Nan take na ce ta dawo gidana. Ina da ɗaki a ƙofar gida wanda na gina da niyyar shago, babu kowa a ciki, maiɗakina kuma na san ba za ta ƙi ba. Kaka ta yi godiya mai tsawo irin ta mutanen Borno, sannan ta ƙi.

“A gidan nan na yi goyo, na yi shara, na yi tsaron gida,” ta ce. “Abincin da nake ci na san hanyar da ya bi ya zo bakina. A gidanka me zan yi, Malam? In zauna ana miƙo mini kwano?” Sai ta ɗan karkata kai, ta dube ni ta wutsiyar ido. “Balle ma ni Babarbariya, in ci tuwon sadaka a gidan Bafillace? Kakannina su ji a kabari?”

Kowa ya san wasan da ke tsakanin Fulani da Barebari, kowane ɓangare yana cewa ɗayan bawansa ne. Ni dai ban taɓa yinsa ba. Mutum ne ni mai auna magana tun ina yaro, karatu kuma ya ƙara mini nauyin baki. Ina ganin kalmar bawa ba abar wasa ba ce. Saboda haka na yi murmushi na ce mata, “Kaka, ai duk ɗaya muke a wurin Allah.” Ta ce haka ne. Ta mayar da idonta kan carbinta, ta ce idan sun tafi za ta koma ta zauna a tashar, ko ta bi mota zuwa kufan garinsu. Duk wanda ya ga yadda take jan ƙafa ya san kowanne ta zaɓa cikin biyun nan ba za ta kai ƙarshen damina ba.

Kashegari abokina ya same ni a wurin aiki. Ya zauna ya cire hularsa, ya ce, “Farfesa, kuɗin kwashe kaya ba su fito ba, ba kuma za su fito kafin in tafi ba. Da niyyata in sayar da babur in ɗauki mota. Na fasa. Za mu hau motar haya da jakunkunanmu, kayan kuma a zuba a ɗakin nan naka. Kaya kuwa suna son mai tsaro.”

Na gane inda ya dosa. Na ce masa na yarda da sharaɗi guda, ba za a yi wa tsohuwar nan ƙarya ba.

Ya ce, “Ƙarya ina? Kuɗin sun zo ne? Kai ka iya tsaron kaya ne?”

Duka biyun gaskiya ya faɗa.

A gabana ya gaya mata. Ya durƙusa kusa da tabarmarta ya ce, “Kaka, ina cikin matsala. Babu kuɗin mota, dole in bar kayana gidan Farfesa. Mutumin kirki ne, amma in ba littafi ba ba ya ganin komai. Gara za ta cinye gadon nan yana zaune a kai. Keken ɗinkin 'yarki, matata, kuma tsatsa za ta gama da shi.”

Ta dube shi, ta dube ni. Ta ce, “Bafillace ina ya san tsaron kaya? Saniya kaɗai ya sani.” Sannan ta ɗaga yatsa. “Zan tsare. Amma ku ji da kyau: ranar da mota ta zo, aikina ya ƙare.”

Haka aka kwaso gado da katifu da kujeru da tukwane da keken ɗinki a amalanke da a-kori-kura zuwa Tumfure, Kaka a gaban mota kamar wadda ta saya. Abokina da iyalinsa suka tafi da abin da hannu zai iya ɗauka.

Ban taɓa ganin wanda ya riƙe amana irin yadda tsohuwar nan ta riƙe ba. Unguwarmu sabuwa ce, gidaje a tsakiyar gonaki, gara kuwa kamar ita ta riga mu sayen filin. Kaka ta sa aka ɗora ƙafafun gado da na kujeru a kan bulo, ta zagaye su da toka. Duk ranar da rana ta fito bayan ruwa sai an fitar da katifu an shanya. Keken ɗinkin tana goge shi da mai, ta juya shi ya yi 'yar ƙara, ta lulluɓe shi da zane. Makullin ɗakin yana ƙulle a bakin mayafinta. 'Ya'yana ba su isa su zauna a kujerun sajan ba. Ni kaina na taɓa jingina da ɗaya muna gaisawa, ta ce in tashi, ba na ubana ba ne. Abincinmu kuwa ta ci shi da buɗaɗɗen hannu, tana cewa ladan gadi ne, har takan aika wa maiɗakina cewa miyar yau gishirinta ya gaza. A hankali gidan ya ɗauki ƙamshin turaren wutar da take haɗawa, maiɗakina ta koyi burabusko a hannunta, yaran suka saba da zama a ƙofarta bayan makaranta. Duk da haka ba ta taɓa kwance ƙullin tufafinta ta jera ba. Yana nan a kusurwa, a ɗaure.

Bayan an gama girbi abokina ya bugo waya. Muryarsa ba irin ta wanda ya samu kuɗi ba ce.

“Farfesa, sun fito.”

Na ce, “Madalla.”

“Madalla ina? In na turo mota, Kaka za ta tafi. In ban turo ba…” Na san sauran. Matarsa ta yi watanni tana kwana a tabarma da yara, keken da take ci da shi yana nesa da ita, ba ta taɓa buɗe baki ta yi ƙorafi ba. Ya ce, “Ko dai mu yi shiru? Ai ba ta san sun fito ba.”

Na sha tambayar kaina game da abubuwa da yawa da na yanke a rayuwa, amma wannan ban taɓa shakkarsa ba. Har zuwa ranar, duk abin da muka gaya wa Kaka gaskiya ne. Daga ranar, kowace safiya da za ta goge keken nan, ƙarya za ta riƙa gogewa, da hannunmu a ciki. Kuma matar da ta yi haƙuri tana da haƙƙin kayanta. Na ce masa, “Janar, ka turo mota. Sauran ka bar mini.” Na faɗa da ƙarfin murya, alhali ban san abin da zan yi ba.

Matar sajan da kanta ta biyo motar. Suka iso da hantsi, ranar Asabar. Ta faɗa jikin Kaka suka yi ta kuka da dariya, sannan Kaka ta kwance makulli daga bakin mayafi ta buɗe ɗaki. Ta tsaya a kan masu lodi tana faɗa: wannan a ɗauke shi a tsaye, wancan kada a ɗora masa nauyi. Da aka zo kan keken, ta yaye zanen ta ce, “Juya ki ji.” Matar sajan ta juya, ya tafi sumul kamar jiya aka sayo. Ta rufe fuskarta da hannu.

Da ɗakin ya zama wayam, Kaka ta share shi tas, ta miƙa mini makulli da hannu biyu. Ta shiga ciki ta yi wa maiɗakina sallama, ta shafa kan yara, ta fito da ƙullinta da butarta.

Na riga na shirya hujjojina kamar mai shiga aji. Na yi mata maganar haƙƙin maƙwabtaka, da ladan riƙon tsoho, da yadda yara suka shaƙu da ita, da haɗarin hanya. Matar sajan ta riƙe mata hannu tana roƙo, maiɗakina tana hawaye a bakin ƙofa. Kaka ta saurare ni har na gama, ba ta katse ni ba. Sannan ta ce, “Allah ya saka da alheri, Malam. Amana ta koma hannun mai ita. Ni ba na zaman banza a gidan mutane.” Ta juya tana jan ƙafa zuwa bakin titi, ta ɗaga wa wani mai keke-napep hannu, ya tsaya.

Ina tsaye da makulli a hannu, sai na tuna ranar nan a bariki, da yadda ta dube ni ta wutsiyar ido, da amsar da na ba ta. Hannu ta miƙo mini a ranar, ni kuwa na ba ta wa'azi. Ban tsaya auna komai ba. Na ɗaga murya yadda ban taɓa ɗagawa a unguwar ba.

“Ke Babarbariya! Wa ya ba ki izinin tafiya? Yaushe baiwa ta fara barin gidan ubangijinta ba a sallame ta ba?”

Masu lodi suka tsaya da igiya a hannu. Maiɗakina ta kama baki. Maƙwabcina da ke wanke mota ya miƙe yana kallona kamar na zauce.

Kaka ta riga ta sa ƙafa ɗaya a cikin keken. Ta sauke ta a hankali, ta juyo.

“Wa ka kira baiwa?”

“Ke mana. Ga zanen a fuskarki, kakana ne ya sa aka yi muku don kada ku ɓace masa a kasuwa.”

“La'ilaha illallahu!” Ta ajiye butar a ƙasa. Ta tako zuwa gare ni, wallahi ba ta jan ƙafar. “Kai, ɗan mai bin gindin saniya! Siriri kamar sandar kiwo! Kakanka da ƙwaryar kanwa kakana ya saye shi, har aka yi masa gyara da ƙanensa. Ni ce baiwarka? Kai ne bawana, kai da ubanka da littattafanka!”

Na ce, “To na ji. Bawa yana da dukiya?”

“Ina ya samo? Abin hannun bawa na mai shi ne!”

“Ashe gidan nan naki ne.”

“Nawa ne mana!”

“To, uwargijiyata, a wane gari aka taɓa yin haka? Mai gida ta bar wa bawa gida, ta tafi ta kwana a tasha?”

Muka tsaya muna kallon juna. Na ga ta gane sarai abin da na yi, ta kuma gane na san ta gane. Idonta ya kawo ruwa, ban san ko kuka zai fito ko dariya ba. Mai keke ya gaji ya ce, “Hajiya, za ki ko ba za ki ba?”

Ta juya ta daka masa tsawa, “In je ina? In bar wa Bafillace gida ya cika mini shi da kashin shanu?” Masu lodi suka fashe da dariya, matar sajan ta durƙushe a ƙasa tana dariya da hawaye tare. Kaka ta tura mini ƙullinta a ƙirji. “Ɗauki, bawa. Kuma a sa mini gado a ɗakin nan yau. Ba zan kwana a ƙasa a gidana ba.”

Na ɗauka, na ɗauki butar, na bi ta a baya. A ranar ta kwance ƙullin, ta sa aka kafa mata ƙusa a bango ta rataye mayafanta.

Da yamma abokina ya bugo, matarsa ta riga ta ba shi labari. Ya daɗe yana dariya kafin ya iya magana. Ya ce, “Farfesa, kai ka yi wasa? A titi? Lallai tashin duniya ya kusa.” Sannan muryarsa ta canza, ya ce, “Na gode, ɗan'uwana.” Tun daga lokacin an sake sauya masa wurin aiki, an sake jiran kuɗin kwashe kaya, amma duk hutun da ya samu sai ya biyo ta Tumfure ya durƙusa ya gaishe ta.

Kaka tana nan a gidana har yau. Ba ta ƙara kirana Malam ba. Duk shekara idan watan cika-ciki ya kama sai ta aiko a karɓo mata kuɗin shara, irin na al'adar abokan wasa, a wurin bawanta, in kuwa na yi jinkiri unguwa za ta ji. Har yanzu takan je tasha ta bar saƙo, ni nake kai ta. Ba mu samu labarin 'yarta ba, ba mu kuma daina zuwa ba.

Nakan tambayi kaina ko ra'ayina game da kalmar nan ya canza. Bai canza duka ba; na san tarihin da ke bayanta, kuma ba zan koya wa ɗalibaina cewa abu ne mai sauƙi ba. Amma na daina ɗaukar cewa duk abin da magabata suka bar mana a sigar wasa, wasa ne kawai. Sun san akwai mutanen da yunwa ba ta karya su sai tausayi, sai suka bar wata ƙofa da mutum zai shiga gidan wani da faɗa, ya ci abinci da gadara, babu wanda ya sunkuyar da kai.

Abin da na koya shi ne, alheri ba ya cika da niyyar mai bayarwa kaɗai. Ni ina da ɗaki, ina da abinci, ina da hujjoji masu kyau, duk ba su tsayar da tsohuwar nan ba, domin kowannensu yana mayar da ita abar tausayi. Hukuma ta biya kuɗin ɗaukar gado da kujeru, mota ta ɗauke su a safiya ɗaya. Mutum kuwa ba a ajiye shi kamar kaya. In kana so ya zauna, sai ka bar masa hanyar da zai zauna da mutuncinsa, ko da hanyar za ta bi ta kan naka girman.